Shekara 20 da diga a hannu: yaushe leburan wucin gadi ke zama ma'aikacin dindindin?

Duk ɗan kasuwar da ke bin hanyar Maraɗi zuwa Ɗan Isa da Jibiya, ko ta Birnin Ƙonni zuwa Illela, ko kuwa ta Matamaye zuwa Kwangwalam, ya san mutanen da za mu yi magana a kansu yau, ko da kuwa bai taɓa tambayar sunan ɗayansu ba. Su ne ake gani a gefen hanya bayan ɗaukewar damina, da diga da shebur da baro, suna cike ramuka, suna yashe kwalbati, suna sare ciyayin da suka toshe magudanar ruwa, direba ya rage wuta ya ɗaga musu hannu ya wuce. A cikin kasuwa kuma akwai 'yan'uwansu, wato masu shara da masu kwashe bola da masu gadin dare, waɗanda ma'aikatar magajin gari ke biya daga kuɗin tikitin da kuke bayarwa kowace ranar kasuwa. Dukansu aikin hukuma suke yi, amma idan aka buɗe littafin ma'aikatan hukuma ba a samun sunayensu a ciki. An ɗauke su ne a matsayin 'yan wucin gadi, wani na kwana 15, wani na wata 3, sai ga shi wucin gadin ya raka wani har furfura.

A shirin amsa tambayoyin masu saurare da muke gabatarwa a gidan rediyonmu, akwai tambayar da ba ta daɗewa ba ta sake dawowa ba. Mutum ya buga waya ya ce ya shekara kaza yana yi wa hukuma lebura, ana biyan sa a ƙarshen mako ko a ƙarshen wata, babu takarda, babu hutu, babu fansho, shin akwai ranar da doka za ta ce ya zama ma'aikacin dindindin, ko kuwa haka zai ƙare? Wannan magana ta shafi 'yan kasuwa fiye da yadda suke zato. Kowane mai shago yana da littafin bashi, kuma in ya duba da kyau zai ga sunayen irin waɗannan bayin Allah a ciki, an ci gero da shinkafa da sabulu sai an yi albashi. Ranar da aka ce wa lebura kada ya fito gobe, bashin nan ya bi ruwa. Ban da haka, yawancinsu 'ya'yanmu ne da ƙannenmu da jarin kasuwanci bai samu gare su ba.

Da muka shiga neman amsa, sai muka ga babu ƙasar da aka kai ruwa rana a kan wannan batu a gaban alƙalai kamar Indiya. Mu a nan mun fi sanin Indiya da finafinai da magunguna da asibitocin da masu hali ke zuwa, amma ƙasa ce da leburori ke maka gwamnati a kotu, kuma kusan shekara 40 ke nan Kotun Ƙolin ƙasar tana juya wannan tambaya, yau ta karkata nan, gobe ta karkata can. Abin da ya faru a can ya isa ya zama madubi ga kowa.

Yadda rigimar ta faro

Tun zamanin Turawan Ingila, a shekarar 1854, aka kafa ma'aikatar ayyuka a Indiya domin gina hanyoyi da gadoji da gine-ginen gwamnati, kuma kowace jiha tana da tata. Waɗannan ma'aikatu sun daɗe suna riƙe da ma'aikata iri biyu. Akwai na dindindin masu albashin wata da ƙarin girma da fansho, akwai kuma na kiran suna, waɗanda ake rubuta sunansu kowace safiya a biya su ladan yini. Sau da yawa mutum biyu na tsaye a rami ɗaya, shebur iri ɗaya a hannunsu, amma abin da ɗaya ke kai wa gida ya ɗara na ɗayan nesa ba kusa ba.

A watan Janairu na 1986 Kotun Ƙoli ta yanke hukunci a ƙarar da wasu ma'aikatan yini na ma'aikatar ayyuka ta tarayya suka shigar, ƙarar da aka fi sani da sunan Surinder Singh. Lauyan gwamnati ya tsaya a kan cewa maganar a biya lada ɗaya ga aiki iri ɗaya magana ce ta fatar baki wadda kotu ba ta iya tilasta wa kowa. Alƙalai suka ƙi wannan hujja, suka umurci a biya su daidai da takwarorinsu na dindindin, suka kuma tunatar da gwamnati cewa ita ya kamata sauran masu ɗaukar ma'aikata su yi koyi da ita. A ƙarshen hukuncin sun bayyana fatan a tabbatar da duk wanda ya haura wata 6 yana aiki ba yankewa. Fata ne kawai, ba umurni ba, to amma ƙofa ta riga ta buɗe.

A 1990 aka zo kan ƙarar ƙungiyar ma'aikatan yini na ma'aikatar ayyuka ta gundumar Dharwad, a jihar Karnataka da ke kudancin ƙasar. A nan kotu ba ta tsaya ga fata ba. Ta umurci jihar ta mayar da mutum 18,600 ma'aikatan dindindin daga ranar 1 ga Janairun 1990, daga cikin waɗanda suka cika shekara 10 suna aiki, sauran kuma a bi su daki-daki. Bayan shekara 2, a shari'ar Piara Singh ta jihar Haryana, kotu ta ƙara da cewa idan aka riƙe lebura shekara 2 ko 3 a kan aiki ɗaya, wannan alama ce cewa aikin ba na wucin gadi ba ne, akwai buƙatarsa kullum. Wannan hujja duk mai shago zai gane ta. Idan ka ɗauki yaro don ya taya ka sauke kayan mota ɗaya, sai ga shi shekara 3 kullum shi ke buɗe shago, ai ba ka sake kiran sa ɗan dako.

Daga nan sai ƙararraki suka yi ta kwarara kamar ruwan Agusta. Manyan kotunan jihohi suka riƙa ba da umurnin a tabbatar da wane da wane. Sai kuma wata ɓarna ta ɓullo wadda mu ma ba baƙuwa ba ce a wurinmu: ɗan siyasa ko babban ma'aikaci ya cusa ɗan ƙanwarsa a matsayin lebura ba tare da an yi shela ko jarrabawa ba, a bar shi ya yi 'yan shekaru, sannan a garzaya kotu a ce ya daɗe, a tabbatar da shi. Wanda ba shi da kowa yana can gida da takardunsa yana jiran shelar ɗaukar aiki wadda ba za a yi ba, domin an riga an cike guraben ta bayan fage.

Hukuncin Umadevi

Ranar 10 ga Afrilun 2006 alƙalai 5 na Kotun Ƙoli suka zauna suka yanke hukuncin da har yau duk lauyan ƙwadago a Indiya ya haddace sunansa, wato shari'ar jihar Karnataka da Umadevi. Masu ƙarar ma'aikatan yini ne da aka ɗauka a ofishin harajin kasuwanci na jihar a tsakanin 1985 da 1986, ke nan sun kai shekara 20 lokacin da aka yanke hukunci. Kotu ta ce daɗewa a aiki ita kaɗai ba ta ba mutum haƙƙin zama ma'aikacin dindindin. Dalilinta shi ne sashe na 14 da na 16 na tsarin mulkin ƙasar, waɗanda suka ce kowane ɗan ƙasa yana da dama daidai da kowa wajen neman aikin gwamnati. Idan aka tabbatar da wanda ya tsallako katanga, an zalunci dubban da ke tsaye a bakin ƙofa. Ta kuma ce wanda ya karɓi aikin wucin gadi ya karɓa ne ido buɗe, ya san abin da ya shiga, kuma bai kamata alƙalai su riƙa ɗora wa baitulmali nauyin da ba a yi kasafinsa ba. Tsofaffin hukunce-hukuncen da suka saɓa wa wannan kuwa, ta ce a daina kafa hujja da su.

Sai dai ta bar wata 'yar kafa. Ta bambanta tsakanin ɗaukar da aka yi ba bisa doka ba sam, da wadda aka yi wa mutumin da ya cancanta, a gurbin da gwamnati ta amince da shi, amma aka tsallake wasu ƙa'idoji. Irin na biyun, idan ya kai shekara 10 yana aiki, kuma ba umurnin kotu ne ya riƙe shi a wurin ba, to a duba a tabbatar da shi, sau ɗaya tak, a fara aikin cikin wata 6. Su kuwa masu ƙarar, an ce a biya su mafi ƙarancin albashin takwarorinsu, kuma idan za a ɗauki ma'aikata a bar su su shiga takara ba tare da an hana su saboda shekarun haihuwa ba.

A ganinmu rabin wannan hukunci gaskiya ne tsantsa. Duk wanda ya taɓa ganin ɗansa ya ci jarrabawa aka ba ɗan wani gurbin ya san zafin abin. Inda muke ja da alƙalan shi ne maganar ido buɗe. Mai yunwa ba ya ciniki. Magidancin da ya kwana uku ba a ɗora tukunya a gidansa ba, idan aka miƙa masa diga aka ce aikin kwana 15 ne, ba zai tsaya tambayar fansho ba. Sannan kuma wa ya karya ƙa'idar ɗaukar aikin tun farko? Ba lebura ba ne ya ƙi yin shela, ba shi ya ƙi shirya jarrabawa ba. Hukuma ta yi laifi, aka yanke wa lebura hukunci, kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi.

Abin da ya biyo baya ya tabbatar da wannan tsoro. Ofisoshin gwamnati suka riƙi sunan Umadevi kamar laya, duk wanda ya zo da koke sai a karanta masa, alhali ba su daina ɗaukar 'yan wucin gadi ba. Akwai ma wata tsohuwar dabara. Dokar sasanta rigingimun ƙwadago ta 1947, wadda sababbin dokoki suka maye gurbinta a Nuwamban 2025, ta ce wanda ya yi kwana 240 yana aiki cikin wata 12 ba a sallamar sa sai da sanarwar wata guda da diyyar ladan kwana 15 a kan kowace shekara. To sai a riƙa dakatar da mutum kafin ya cika kwanakin, ya zauna gida ɗan lokaci, a sake rubuta sunansa kamar sabon zuwa. Wasu ofisoshin kuma suka miƙa leburorin ga 'yan kwangila, aiki bai canja ba, wuri bai canja ba, amma a takarda gwamnati ba ta san su ba.

Wani abin dariya mai ban haushi ya faru a jihar Jharkhand. An ƙirƙiri jihar ne a Nuwamban 2000, don haka ranar da aka yanke hukuncin Umadevi ba ta cika shekara 6 da kafuwa ba. Sai aka ce wa ma'aikatanta babu wanda ya yi wa jihar aikin shekara 10 kafin 2006, saboda haka babu wanda ya cancanta. Sai a 2018 Kotun Ƙoli ta ce wannan fassara ba ta kama hankali ba, domin tana ba jihar lasisin ci gaba da abin da hukuncin ya zo hanawa. Kafin nan, a Oktoban 2016, a shari'ar Jagjit Singh ta jihar Punjab, kotu ta sake tabbatar da cewa ɗan wucin gadin da ke yin aiki iri ɗaya da na dindindin yana da haƙƙin mafi ƙarancin albashin wannan matsayi, ko da ba a tabbatar da shi ba.

Masu shara sun juya akalar

A Disamban 2024 aka yanke hukuncin da ya sake faranta ran leburori, kuma masu shara ne suka jawo shi. A shari'ar da ake kira Jaggo, mutum 3 masu shara da mai kula da lambu guda sun yi wa hukumar ruwa ta tarayya aiki, ta farkonsu tun 1993, na ƙarshe tun 2004, duk da sunan aikin ɗan lokaci. Da suka nemi a tabbatar da su aka ƙi, sai kuma a 2018 aka sallame su ba sanarwa, aka ba kamfani aikin sharar. Kotun Ƙoli ta ce wannan ba da kwangila shi kansa shaida ne cewa aikin yana nan, ba a daina buƙatarsa ba. Ta ce an yi hukuncin Umadevi ne don toshe ɗaukar aiki ta bayan fage, ba don a hukunta mutanen da suka share shekaru suna hidimar da ofis ba ya tafiya sai da ita ba. Ta soke sallamar, ta ce a mayar da su a tabbatar da su. Ba a ba su albashin shekarun da suka zauna gida ba, amma za a lissafa musu shekarun wajen haƙƙin ritaya.

Wata guda bayan haka, a Janairun 2025, aka yi makamancin wannan ga masu aikin lambu na hukumar birnin Ghaziabad, waɗanda aka kora tun 2005. Su an ce a ba su rabin albashin shekarun da suka rasa. Mai karatu ya lura da lissafin: an kore su 2005, sun samu gaskiya 2025. A watan Agustan wannan shekarar ta 2025 kuma, a shari'ar Dharam Singh, kotu ta gaya wa jihar Uttar Pradesh cewa kukan rashin kuɗi ba ya zama hujjar riƙe mutane shekara da shekaru a kan ladan yini. Duk da haka ba a soke Umadevi ba, domin alƙalai 5 ne suka yanke shi, waɗannan na baya kuwa alƙalai bibbiyu ne. Abin da ake yi shi ne fassara, kuma kowace ƙara da irin hujjojinta.

To mu fa a nan?

Kada wani ya ɗauki wannan jarida ya nufi ofishin magajin gari yana cewa kotun Indiya ta ce. Hukuncin Delhi ba ya aiki a Maraɗi ko Katsina ko Garwa. Amma dokokin ƙasashen da kuke kai-da-kawowa a cikinsu ba su yi shiru ba, kuma wasu sun fi na Indiya fitowa fili.

Ta Gana ce ta fi kowace sauƙin fahimta. Dokar ƙwadago ta 2003, a sashe na 75, ta ce ma'aikacin wucin gadi da ya yi wata 6 ko fiye a jere wurin mai aiki ɗaya, a ɗauke shi tamkar na dindindin. Har ma ta ce leburan yini da ya fito wurin aiki, ruwan sama ya hana yin aikin, sai an biya shi ladan ranar. 'Yan'uwanmu na zangon Kumasi da Nima da ke aikin gini su riƙe wannan. A Kamaru, dokar ƙwadago ta 1992 da dokar zartarwa ta 1993 sun yanka wa kowane irin aiki wa'adinsa: na wucin gadi wata 3, na buƙatar gaggawa kwana 15, na lokacin kaka ko damina wata 6, biyun farko kuma ana iya sabunta kowannensu sau ɗaya. Idan wa'adi ya wuce aka ci gaba da aiki, yarjejeniyar ta koma marar wa'adi. Amma a can mai bin bashin albashi shekara 3 gare shi ya kai ƙara, in ya wuce haka ya yi ihu bayan hari.

A Najeriya dokar ƙwadago, a sashe na 7, ta wajabta wa mai ɗaukar aiki ya ba ma'aikaci takardar sharuɗɗan aikinsa kafin wata 3 su wuce, kuma akwai kotun ma'aikata ta ƙasa da ke sauraron irin waɗannan ƙararraki. Dokar diyyar ma'aikata ta 2010 ta haɗa har da 'yan wucin gadi idan mutum ya ji rauni a bakin aiki. Sai dai dokar ba ta faɗi ƙarara cewa bayan wata kaza mutum ya zama na dindindin ba, kamar yadda ta Gana ta yi. Masu zuwa kasuwannin Jibiya da Maigatari za su tuna shirin ayyuka na musamman da aka fara a Janairun 2021, inda aka ce za a ɗauki mutum 774,000, wato 1,000 daga kowace ƙaramar hukuma, a kan Naira 20,000 a wata har wata 3. Wannan tun daga farko an faɗi ranar ƙarewarsa, don haka babu wanda zai kafa hujja da shi ya nemi dindindin. Abin da mutum ke iya nema a irinsa shi ne ladan watannin da ya yi, kuma an sha jin koke-koken jinkirin biya.

A nan Nijar, dokar ƙwadago ta watan Satumban 2012 ta ce kwantaragi mai ƙayyadadden wa'adi ba ya wuce shekara 2, ana kuma sabunta shi sau ɗaya. Mai koke yakan fara ne daga ofishin sufeton ƙwadago, inda ake neman sasanci, in abin ya faskara a wuce kotun ma'aikata. To amma a nan ma akwai katangar da leburorin Indiya suka ci karo da ita. Zama cikakken ma'aikacin gwamnati mai lamba yana bin dokar aikin gwamnati ne, kuma hanyarsa ita ce jarrabawar shiga aiki, wato konkur. Abin da lebura ke iya samu ta hanyar dokar ƙwadago shi ne a amince aikinsa marar wa'adi ne, a yi masa rajista a asusun CNSS, a ba shi hutu, in za a sallame shi a yi masa sanarwa a biya shi haƙƙinsa. Wannan ba ƙaramin abu ba ne, amma ba shi ne lamba ba. Malaman makaranta 'yan kwantaragi, waɗanda aka fara ɗauka tun ƙarshen shekarun 1990 har suka zo suka fi masu lamba yawa a makarantun firamare, sun fi kowa sanin tazarar da ke tsakanin biyun, kuma yajin aikin da sandikokinsu suka sha yi a kan wannan tazarar ne.

Akwai kuma tambayar da ya kamata lebura ya fara yi wa kansa kafin ya je ko'ina: wane ne ya ɗauke ni? Dattawa na tuna lokacin da ma'aikatar ayyuka ke da motocinta da leburorinta tana gyaran hanya da kanta. Daga shekarun 1990, zamanin tsuke bakin aljihu, aka koma ba 'yan kwangila, aka kafa hukumomi irin su NIGETIP don raba ƙananan ayyuka masu ɗaukar leburori da yawa. Saboda haka mutumin da kuke gani yana zuba kwalta a yau, galibi ma'aikacin ɗan kwangila ne, ko ma na wanda ɗan kwangilar ya yankar wa wani sashe na aikin. Hanyar ta gwamnati ce, amma ƙararsa ba ta gwamnati ba ce. Haka nan masu haƙar rabin wata a gonakin da suka mutu, da ake biya kuɗi ko abinci a shirye-shiryen agaji, aikinsu taimako ne na lokacin tsanani, yana ƙarewa da ƙarewar shirin. Waɗanda hujjarsu ta fi ƙarfi su ne masu shara da masu gadi da masu gyaran magudanar ruwa da ma'aikatar magajin gari ke biya hannu da hannu shekara da shekaru, domin kasuwa ba ta daina tara bola.

Abin da ya ceci masu sharar Indiya a gaban alƙali shi ne sun iya nuna shekarar da kowannensu ya fara, da cewa ba su yanke ba. Mu kuwa a nan mutum sai ya yi shekara 15 yana dangwala yatsa a takardar biya, bai taɓa riƙe ko kwafi ɗaya ba. Aka canja magajin gari, aka canja mai kula da leburori, littafin ya ɓace, shi ke nan sai rantsuwa. Duk wata 'yar takarda tana da amfani: katin aiki, takardar biya, saƙon kuɗi ta waya, takardar asibiti ranar da aka ji rauni, har hoton da aka ɗauka a bakin aiki. Littafin bashin mai shago ma, wanda ke nuna mutum na biya kowane ƙarshen wata tun shekara kaza, yana iya taimaka wa mai neman shaidu ya tuna lokaci. Wanda aka ce ana yankar masa kuɗin CNSS kuma, ya je da kansa ya tambayi lambarsa ya ga ko kuɗin na shiga.

Alhazai masu manyan shaguna da sito su ma kada su karanta wannan suna murmushi, domin dokar ƙwadago ba gwamnati kaɗai ta ɗaure ba. Mai gadin da ya shekara 10 a ƙofar sitonka, doka ma'aikaci take kallon sa, ko da ku a tsakaninku yaron gida ne. A al'adarmu ta kasuwa akan sallami yaro da jari idan ya daɗe, kuma wannan kyakkyawan abu ne ga wanda ya cika shi. Mai gadi da ɗan dako kuwa ba kasafai sallamar ke kai wa gare su ba.

Maganar fansho ce ta sa muka ajiye labarin wani mai walda zuwa nan. A 1965 aka ɗauke shi aiki a wani aikin madatsar ruwa a jihar Uttar Pradesh, cikin rukunin waɗanda ake biya daga kuɗin aikin da ake yi, ba daga kasafin albashi ba. Aka yi ta yawo da shi daga wannan aiki zuwa wancan har shekara 37. Sai a 2002 aka tabbatar da shi, a farkon 2007 ya yi ritaya. Da ya nemi fansho aka ce shekarunsa na dindindin ba su kai 10 da doka ta nema ba, waɗancan 37 kuwa ba a lissafa su. Ya bi kotu-kotu har Kotun Ƙoli, wadda a Satumban 2019, a shari'ar da ke ɗauke da sunansa, Prem Singh, ta ce a lissafa masa su, shekara 12 bayan ya ajiye aiki, shekara 54 bayan ya fara riƙe ƙarfen walda. A 2021 majalisar jihar ta kafa sabuwar doka da ta taƙaita shekarun da ake lissafawa wajen fansho ga waɗanda aka ɗauka bisa ƙa'idar aikin gwamnati, lauyoyin leburori kuma suka sake komawa kotu.